Labulen Safara'u

A Unguwar Shanu ta Kaduna akwai Sanda tela, akwai Sanda mai faci, sannan akwai Sanda mai labule. Wannan na ƙarshen shi ne namu. Baƙo yakan ɗauka ɗinka labule yake yi, har wata mata ta taɓa kawo masa awon tagoginta, ya karɓa ya duba da kyau, sannan ya nuna mata shagon tela. Shi zana labule yake yi, irin wanda ake ratayawa a bayan mutum a shagon ɗaukar hoto.

A zamanin da ba kowa ke da kyamara a aljihu ba, ɗaukar hoto sha'ani ne. Sai an yi wanka, an sa sabon ɗinki, an ari agogo. Masu shagunan suna son a zana musu bene mai hawa bakwai da jirgin sama yana wucewa ta kansa, Sanda kuwa ya yi irin waɗannan har ya gaji. Amma tun yana saurayi ya lura da wani hali na mutanen Kaduna: kowa baƙo ne. Mutum an haife shi a nan, ya yi karatu a nan, ya yi aure ya yi furfura a nan, amma ka tambaye shi ɗan ina ne, sai ya gyara zama ya ce Kazaure, ko Bida, ko Kagoro, ko Biu. Shi kansa Sandan, da aka haifa a bayan layin dogo, in an tambaye shi sai ya ce Zariya, garin da ko hanyar gidan kakansa ba zai gane ba sai da ɗan rakiya.

Daga nan ya samo hanyar cin abincinsa. Ya fara zana wa mutane garuruwansu a jikin yadin akoko, su tsaya a gaba a ɗauke su, su aika wa dangi ko su rataya a falo. Kuma yana da ƙa'ida guda da ba ya karyawa. Ba ya taɓa buroshi sai ya zaunar da mai aikin a kan benci, ya sa an kawo masa shayi, ya yi masa tambayoyi. In ka farka da safe, me kake fara ji kafin ka buɗe ido? In ka fito ƙofa, me ke hannun damanka? Ina mata suke ɗebo ruwa? Wani ɗan kasuwa daga Babbar Kasuwa ya taɓa zuwa da tumbinsa da gadararsa yana cewa shi dai a zana masa ƙofar gari kawai, ba shi da lokacin surutu. Kafin shayin ya huce yana share hawaye da hannun riga, yana ba da labarin wata bishiyar ɗinya da ke bayan ɗakin kakarsa.

Ba zane kaɗai Sanda ya taɓa ba. Da ƙuruciya shi ne gwanin tashe na layinsu, in azumi ya kai goma ya liƙa gemun auduga, ya cusa tsumma a ciki, ya kwaikwayi tafiyar kowane dattijo a unguwar har mai shi ya fito da sanda yana dariya. Ya yi wasan kwaikwayo a dandalin makarantu. Ya zana allunan gidajen silima, inda jaruman Indiya duk suka riƙa fitowa da hancin wani kawunsa. Da aka fara fina-finan Hausa, shi ake kira ya mayar da garejin mota fadar attajiri da fenti da katako. Sai na'ura ta zo, tana buga bene da jirgin sama kafin mutum ya gama gaisuwa. Aiki ya ja baya, ya koma zana haruffa a bangon makarantun yara da allunan shaguna. Bai yi ƙorafi sosai ba, sai dai duk allon da na'ura ta buga in ya wuce sai ya tsaya ya nemo masa aibi.

Matarsa Safara'u ce kaɗai ba ta taɓa jin tsoron gaya masa gaskiya a kan aikinsa ba. Daga Tudun Kanya aka kawo ta, wani ƙauye a ƙasar Katsina, shekara arba'in da ɗoriya da suka wuce. Mace ce mai ƙaramin jiki da kaifin baki. In ya gama labule ya shimfiɗa a tsakar gida yana jiran yabo, sai ta zo da muciya a hannu ta karkata kai ta ce, "Malam, wannan rijiyar in mutum ya faɗa ai ko gwiwa ba za ta kai masa ba." Ya yi fushi, ya ce me ta sani a zane, ya ci tuwo yana ƙunƙuni, washegari ya gyara rijiyar. Yana sonta ƙwarai, kuma irin mutanensa ba su iya faɗin haka ba, sai dai ya dawo da tsire a takarda ya ajiye ya ce wai wani ne ya ba shi.

Ciwon ya shigo a hankali. Ta sa gishiri sau biyu a miya. Ta nemi ɗankwalin da ke kanta. Aka yi ta dariya, ita ma tana yi. Sai ranar da ya dawo daga masallaci ya yi sallama, ta amsa, ta ja mayafi ta ce, "Bawan Allah, maigidan ba ya nan." Likita ya ce ciwon mantuwa ne, mutanen layi suka ce gigin tsufa, kowane suna aka ba shi dai abu ɗaya ne: Safara'u ta daina gane mijinta. Ta ɗauke shi wani mai fenti da ke yawan zuwa gidan, tana kuma yi masa kirki irin na baƙo.

Abin da ya fi tayar da hankali shi ne ƙullin. Kullum da la'asar sai ta ɗauko zani biyu, da carbi, da wani tsohon kofin silba, ta ƙulle su a ɗankwali, ta rungume ta ce, "A kai ni gida." In aka yi sakaci da ƙofa sai ta fice. Sau da dama ana tsinto ta, kullum kuma hanya ɗaya take bi, ta yi arewa. Kowa ya ce ai a bayyane yake, tashar Kawo take nema, inda ake shiga motar Katsina.

Labari ya kai ƙauye, yayanta Balarabe ya zo. Dattijo ne mai hankali, ba rigima ta kawo shi ba, wannan ne ma ya sa Sanda ya rasa ta inda zai ɓullo masa.

"Malam Sanda, ba mu da abin da za mu ce maka sai godiya," in ji Balarabe. "Amma kai ma ka ji da kunnenka. Gida take kira. In mota ta buge ta a titin nan, mi za mu ce wa Allah? Can akwai mata cike da gida, kuma ba inda za ta ɓace. In an gama girbi zan zo da mota in tahi da ita."

Me Sanda zai ce? Cewa in ta tafi ba wanda zai sake kushe masa rijiya? Ya ce, "To, Yaya, Allah ya zaɓa abin da ya fi alheri." Da ya raka baƙon ya dawo, ya zauna a zaure ya daɗe bai shiga ciki ba.

Sai dabara ta zo masa, irin dabarar da mai sana'a kaɗai zai yi. In gida take so, ai shi aikinsa ke nan, kai mutane gida ba tare da sun shiga mota ba. Ya sayo akoko mai faɗi, ya ɗaure a bangon tsakar gida, ya zana Tudun Kanya. Ya san garin, can ya je neman aure, can ya sha zuwa gaisuwa da ta'aziyya. Ya sa kanyar da ke bakin gari, da rumbuna, da dangar kara, da hanyar rafi, da hasken yamma a kan gero. Tun da yake bai taɓa yin aiki mai kyan wannan ba, maƙwabta har leƙowa suke yi.

Da ya bushe, ya kamo gefen mayafinta ya kawo ta gaban labulen. Ta duba sama, ta duba ƙasa, ta karkata kai yadda ta saba.

"Garin su waye wannan?" ta ce. "Allah sarki. Ko famfo ba su da shi."

Ta gyara riƙon ƙullinta ta nufi ƙofa.

Autarsu Ummukulthum tana wurin. Ita ce ta gaji idon ubanta, sai dai ita da kyamara take aiki, tana ɗaukar bukukuwa, tana kuma haɗa gajerun fina-finai na kanta. Ta daɗe tana bin sa tana ɗaukarsa, wai za ta yi fim a kan sana'arsa da kuma wannan hali na mutanen Kaduna na ajiye zuciya a wani gari. Shi yana cewa ɓata lokaci ne, amma duk ranar da za ta zo sai ya sa hularsa mai kyau. Bayan kwana biyu ta zaunar da shi a gaban labulen da aka ƙi, ta kunna kyamara, don ta ga ya daina cin abinci, ta san kuma maganar aiki ce kaɗai ke buɗe bakinsa.

"Baba, in mutum ya zo yana son a zana masa garinsu, ta ina kake farawa?"

"Ta bakinsa," in ji Sanda. "Ko da na san garin, ko jiya na baro shi, sai na tambaya. Mutum biyu 'yan gida ɗaya, kowa da abin da ya baro. Wanda ya zana bai tambaya ba, garin kansa ya zana."

Ummukulthum ta sauke kyamarar a hankali.

"Baba, Mama fa? Ka tambaye ta?"

"Ke Auta, matar da na zauna da ita tun ba a san za a haife ki ba? Garin da na je da ƙafata?"

Sai ya cire hular ya duba cikinta kamar an ɓoye wani abu a can, sannan ya ce ta ɗora ruwan shayi.

Ya shimfiɗa wa Safara'u tabarma, ya miƙa mata kofi, ya zauna nesa kaɗan kamar yadda baƙo zai zauna.

"Hajiya, gidan nan da kike son komawa, in kin farka da safe, me kike fara ji?"

Fuskarta ta saki, don an daɗe ba a tambaye ta abin da ta san amsarsa ba.

"Begilar sojoji," ta ce. "Daga bariki. Sai ladan. In an jima kuma jirgin ƙasa ya wuce, kwanukan da ke kan kanta duk su yi ta kaɗawa."

Babu bariki a Tudun Kanya, babu layin dogo.

"In kin fito ƙofa, me ke hannun damanki?"

"Mangwaro mana. Na maigidan haya ne, ba ya son a taɓa, amma in ya faɗo ai na Allah ne. Gaba kaɗan famfo. Maman Talatu, 'yar Kagoro, ita ke riƙe min layi da bokitinta, ni kuma in kama mata goyo. Iya mai ƙosai tana can gindin falwaya, ita ta koya min cin yaji."

"Ƙofar fa? Yaya take?"

Sai ta rufe baki da mayafi tana dariya, dariyar amarya.

"Shuɗiya ce. Maigidana ya zana zakara a jiki, wai don kar in ɓace, don ƙofofin duk iri ɗaya ne, ni kuma baƙuwa. Duk gidan aka ce agwagwa ce. Bai iya zane ba, amma kar ka gaya masa."

Ɗakin hayarsu ne na farko, ciki ɗaya a wani gida mai ɗakuna jere, can arewacin unguwar kusa da layin dogo. Nan aka sauke ta tana amarya. Ba tashar Kawo take nema ba duk kwanakin nan, wannan ƙofar take nema. An daɗe da rushe gidan, shagunan sayar da waya ne a wurin yanzu. Sanda ya ji kunya, ya ji daɗi, ya ji wani baƙin ciki, duk a lokaci guda. Ya zana Bida, ya zana Biu, ya zana garuruwan da bai taɓa takawa ba, amma bai taɓa zana ko lungu ɗaya na Kaduna ba, don ba wanda ya taɓa nema. Ashe a cikin gidansa akwai wadda ta daɗe da zama 'yar gari, ba ta dai yi shela ba.

Ya sauke Tudun Kanya ya naɗe, ya ɗaura sabon akoko. Wannan karon kullum sai ya tambaye ta. Ta gaya masa inda kwata ta bi, da tsagewar da ke jikin dakali, da igiyar shanya, da bokitin Maman Talatu mai ɗaurin waya a hannu. Ƙofar ya bari sai ƙarshe. Ya yi mata shuɗi, sannan ya zauna ya zuba duk gwanintar shekarunsa a kan zakaran: jan tukku, wuya mai sheƙi, jela ta lanƙwasa, ƙafa ɗaya a ɗage. Kai ka ce yanzu zai yi cara.

Ranar da ya gama, da hantsi, motar Balarabe ta tsaya a ƙofar gida. An gaisa, an sha ruwa, Sanda ya roƙi alfarmar a bari ta ga wani abu kafin a ɗauki kaya. Balarabe ya ce ba komai. Ummukulthum ta tsaya a gefe da kyamararta.

Safara'u ta zo da ƙullinta. Ta tsaya. Ta miƙa hannu ta shafa mangwaron, ta shafa famfon, ta ce, "Yau ba layi." Ta bi dakalin da yatsa har ta iso ƙofar. Nan ta tsaya, murmushin ya ɗauke.

"Ba ƙofarmu ba ce," ta ce. "Wannan ai zakara ne."

Ta juya. Balarabe ya yi ajiyar zuciya ya ce a hankali, "Ka yi iyakar ƙoƙarinka, Malam Sanda."

Sanda bai ji shi ba. Yana kallon zakaran, mafi kyan abin da hannunsa ya taɓa yi, ga suruki a tsaye, ga kyamara a kunne. Mutum ne da ko ɗigon fenti ya kauce a allon mai shayi sai ya goge ya sake. Ya sunkuya ya ɗauki buroshi mafi kauri, ya mayar da shi hannun hagu. Ya faɗaɗa bakin zakaran ya yi fale-fale. Ya kumbura masa ciki. Ya shafe dogayen ƙafafun da shuɗi, ya sa wasu gajeru masu faɗi, ɗaya ta fi ɗaya. Ya dagula jelar, ya bar tukkun a karkace kamar hular da aka zauna a kai. Fenti yana gangarowa, bai tare ba.

"Hajiya," ya ce, "ko za ki sake dubawa?"

Ta waiwayo. Ta karkata kai. Sai ta fashe da dariya har tana dafa gwiwa.

"Ga agwagwar nan!"

Ta zauna a kan tabarma a gindin ƙofar da aka zana, ta ajiye ƙullin, ta kwance shi. Ta fito da zannuwan ta ninke, ta rataya carbin a wuya, ta ajiye kofin silbar a gefe. Sannan ta ɗaga kai ta ga Balarabe.

"Lah, Yaya! Yaushe a gari? Ku zauna mana, maigidan ya kusa dawowa, yanzu za ku ji ƙararrawar kekensa."

Balarabe ya dube ta, ya dubi Sanda, ya dubi abin da ke jikin ƙofar. Ya goge ido da babbar riga, ya fita ya gaya wa direba ya kashe mota, a ci abinci tukuna, su biyu kaɗai za su koma, ban da Safara'u. Ba warkewa ta yi ba, dukkansu sun sani. Gobe da la'asar wataƙila ta sake ƙulla kayanta, sai dai yanzu an san inda za a kai ta, taku kaɗan ne daga ɗakinta.

Tsohon ɗan tashe bai tsaya shawara ba. Ya zame ta zaure, ya ari keken Sanda mai faci da ke jingine a waje, ya turo shi, ya kaɗa ƙararrawa sau biyu yadda ya saba a da. Ya miƙe bayansa, ya tura hula gaban goshi, ya yi sallama da muryar saurayin da ya daɗe da mantawa yana da ita. Ummukulthum ta kashe kyamarar ta ajiye.

Safara'u ta yi sauri ta gyara ɗankwali, ta miƙe.

"Sannu da zuwa, Malam. Yau ka daɗe."

"Aiki ne ya riƙe ni," in ji shi.

Ta matso ta dube shi da kyau, ta dubi farin gemunsa, ta girgiza kai.

"Dubi yadda ka dawo. Fenti har a gemu?"

"Eh," ya ce. "Fenti ne."

Ta tsoma bakin zaninta a kofin ruwa, ta kama haɓarsa, ta shiga gogewa. Ta goge, ta duba, ta sake gogewa.

"Wannan mai naci ne, ya ƙi fita."

Sanda ya sunkuyo da kansa don kar ta wahala da miƙa hannu.

"Bar shi haka, Safara'u," ya ce. "Gobe sai ki sake gwadawa."